Gobarar Daji a Duwatsun Gwiwa: Ciyawar da Ba Ta da Mai Tsaronta

Da zarar an ambaci gobara a ƙasar Hausa, abin da ke fara zuwa zuciyar mai sauraro shi ne kasuwa ko gida. Lokacin da wuta ta cinye Kasuwar Sabon Gari ta Kano a watan Maris na 2016, an ƙirga shaguna, an ƙiyasta dukiya, manya sun je jaje. Lokacin da tankar mai ta fashe a Majiya ta Ƙaramar Hukumar Taura a watan Oktoba na 2024, ta hallaka mutane fiye da 150, duniya baki ɗaya ta ji. Akwai kuma wata wutar da ke tashi a ƙasar nan duk rani, wadda ba ta da shagon da za a ƙirga, galibi kuma ba ta barin gawar da za a yi wa salla. Ita ce wadda ke cin busasshiyar ciyawa a kan duwatsu da fako da burtali daga ƙarshen kaka zuwa bazara. Hausa ta san ta sarai, har ta ari sunanta domin kwatanta jita-jita, ana cewa labari ya bazu kamar wutar daji. Sai dai kwatancen ya riƙe saurinta kawai, bai riƙe asarar da take bari a baya ba. Wannan asarar kuwa ita ce ke yanke hukuncin ko saniyar talaka za ta kai damina da ƙafarta.

Gwiwa tana kusurwar arewa maso yammacin Jihar Jigawa, ta yi iyaka da Jihar Katsina, kuma tana cikin ƙananan hukumomi huɗu da suka haɗu suka zama Masarautar Kazaure, tare da Kazaure da Roni da 'Yankwashi. Ƙidayar 2006 ta ba ta mutane fiye da 120,000. Abin da ya bambanta wannan yanki da mafi yawan Jigawa shi ne ƙirar ƙasarsa. Wanda ya fito daga shimfiɗaɗɗen jigawar Babura ko Gumel ya nufo yamma zai ga ƙasa ta fara tudu da gangare, duwatsu sun jeru, tsakuwa da marmara sun maye gurbin rairayi. Duwatsun ba su kai na Filato ko Mambila tsawo ba, amma sun isa su hana garma shiga. A nan ne geza da sabara da taramniya da hano suke samun wurin tsayawa, kuma a nan ne ciyawar damina take bushewa a tsaye ba tare da an nome ta ba.

Muhimmancin wannan bayani zai fito fili idan aka dubi abin da ke faruwa da wutar daji a duniya. Afirka ce ke ɗauke da kusan kashi biyu cikin uku na duk faɗin ƙasar da wuta ke ƙonewa a duniya kowace shekara. Amma binciken da Niels Andela da abokan aikinsa suka wallafa a mujallar Science a 2017 ya nuna cewa faɗin ƙasar da ke ƙonewa ya ragu da kusan kashi ɗaya cikin huɗu tsakanin 1998 da 2015, kuma mafi yawan raguwar ta faru ne a filayen ciyawa inda noma ya faɗaɗa. Dalilin a bayyane yake ga duk wanda ya san karkarar Kano. Tun a 1965 Michael Mortimore ya bayyana yadda manoman kewayen Kano suke noma kowane taƙi na ƙasa shekara da shekaru ba hutu, suna kwashe kara da harawa da karmami su kai gida. Gonar da aka kwashe komai nata ba ta da abin da wuta za ta ci. Saboda haka yayin da gonaki suka mamaye ƙasar Kazaure, wuta ba ta ɓace ba, matsawa ta yi zuwa wuraren da suka rage: kan dutse, gefen kwari, burtali, makiyaya da ragowar gandun daji. Waɗannan kuwa su ne wuraren da kowa ke amfana da su amma babu mai cewa nasa ne. Mai gona yana tsaron karan da ya tara kamar ƙwayar idonsa, ita kuwa ciyawar kan dutse babu wanda zai rasa barci dominta sai ranar da ta zama toka.

Yanayin hunturu da ƙirar duwatsun suna haɗuwa su ba wutar ƙarfi. Daga Disamba zuwa Maris iska tana kaɗawa daga arewa maso gabas a bushe, damshin iska da rana yakan sauka ƙasa da kashi 20 cikin 100, ciyawa ta zama kamar auduga. Wuta kuma tana gudu a hawa fiye da yadda take gudu a shimfiɗe, domin harshenta yana karkata ya gasa ciyawar da ke sama kafin ya iso ta. Masana wutar daji na Ostareliya suna da ƙa'idar da suke aiki da ita, cewa saurin wuta yana ninkuwa a duk ƙarin hawa na digiri 10. Ma'anar wannan ita ce wutar da yaro ɗaya zai iya kashewa da ɗanyen reshe a gindin dutse, cikin 'yan mintoci ta fi ƙarfin mazan unguwa guda idan ta kama gangaren.

Tambayar wanda ke cinna wutar ita ce wurin da ake yawan zaluntar wani. Sanannun hanyoyin tashinta a arewacin Nijeriya ba ɓoyayyu ba ne. Samari masu farautar gafiya da kurege da zomo sukan hura hayaƙi a rami ko su kewaye ƙungurmin ciyawa da wuta domin namun su fito. Mai ɗiban zuma yakan hau da bakin wuta da dare, ya jefar da shi idan ya gama. Mai gawayi yakan bar raminsa bai gama mutuwa ba. Manomi yakan ƙone sassabe a bazara iska ta ɗauki tartsatsi. Akwai guntun taba, akwai murhun matafiyi. Akwai kuma wadda ake cinnawa da gangan, wato manomin da ya ƙone ragowar karan gonarsa ko ciyawar kusa da ita don kada shanu su zo. Duk da wannan jerin, wanda harshen jama'a ya fi saurin ɗora wa laifi shi ne Bafillatani makiyayi, bisa hujjar cewa makiyaya suna ƙone daji domin sabon toho ya fito.

Hujjar tana da asali, amma asalinta a kudu yake. A ƙasashen da ruwan sama ke wuce milimita 1,000 a shekara, kamar kudancin Kaduna da Neja da Binuwai, ciyawar daji irin ta gamba da tofa tana da saiwar da ke rayuwa shekara da shekaru, ƙasa kuma tana riƙe da sauran damshi. Idan aka ƙone ta da wuri, cikin makonni kaɗan sai kore ya fito, shanu su samu. A ƙasar Kazaure lamarin daban yake. Mafi yawan ciyawar kiwo a nan, irin su kyasuwa da ƙarangiya, 'yar shekara ɗaya ce: ta tsiro daga iri da ruwan fari, ta yi 'ya'ya, ta mutu da kaka. Idan wuta ta ci ta a Disamba, babu abin da zai fito a wurin sai an yi ruwa a Yuni. Makiyayin da ya cinna wa irin wannan ciyawa wuta ya ƙone rumbunsa ne da hannunsa. A duk cikin masu amfani da dutsen, shi ne wanda ya fi kowa asara, kuma shi ne wanda ake fara nunawa da yatsa. Duk wani shiri na rigakafi da ya fara da ɗaukarsa a matsayin wanda ake tuhuma ya rasa mutumin da ya fi kowa son shirin ya yi nasara.

Asarar kanta tana bayyana ne a hankali, shi ya sa ba a danganta ta da wutar. Daga Maris zuwa Mayu, lokacin da harawar gida ta ƙare kuma farashin damin harawa da buhun dusa ya hau, busasshiyar ciyawar kan dutse ce ke riƙe da garke. Idan babu ita, zaɓin makiyayi uku ne, kuma babu mai daɗi a ciki. Ko dai ya sayar da dabba a rame a kasuwa da farashin da bai kai ba, ko ya hau bishiya ya sassare rassan gawo da marke da kirya ya ba su, ko ya kora su inda sauran kore yake, wato lambunan rani na bakin fadama da bakin madatsun ruwa. Na biyun yana ƙarasa bishiyoyin da wuta ta bari. Na ukun kuwa shi ne mafarin rigimar da ke kai mutane gaban hakimi ko kotu, wani lokaci asibiti. Idan aka zauna sulhu a kan ɓarnar lambu a watan Afrilu, da wuya wani ya ambaci wutar da ta tashi a watan Janairu, alhali ita ce ta koro shanun.

Ba makiyayi kaɗai abin ke shafa ba. Mai saƙar zana yana jiran gamba, mai jinka yana jiran shuci, matan ƙauye suna dogara da ƙiraren geza da sabara wajen girki, mai magani yana neman sassaƙen hano. Manomin da ke turke rago ko sa domin Babbar Salla shi ma mai sayen ingirici ne. Ƙananan bishiyoyin da ba su kai tsawon mutum ba su ne wuta ke kashewa, manyan su tsira da tabo, ta yadda dutsen zai ci gaba da zama da tsofaffin itatuwa ba tare da masu gadonsu ba. Sannan idan ruwan farko ya sauka da ƙarfi a kan gangaren da ba shi da sutura, sai ya kwashe 'yar ƙasar da ke tsakanin duwatsu ya gangara da ita, ya buɗe zaizaya a gonakin ƙasa, ya cika kududdufai da madatsun ruwa da laka. Akwai masu cewa toka taki ce, kuma a maganarsu akwai rabin gaskiya: tokar tana riƙe da wasu sinadarai kamar fotash. Sai dai sinadarin naitirojin, wanda shi ne manomi ke biyan kuɗi mai yawa ya saya a buhun yuriya, hayaƙi ne ke tafiya da mafi yawansa. Tokar da ta rage kuma, a kan dutse cikin iskar hunturu, ba ta kwana inda ta faɗi.

Matakan hukuma a kan wannan matsala sun kasu biyu, doka da motar kashe gobara, kuma dukansu an ƙera su ne domin wani wuri daban. A 2011 Gwamnatin Tarayya ta fitar da ƙa'idojin hana ƙone daji da gandun daji da ƙone-ƙone a fili, ƙarƙashin hukumar NESREA wadda aka kafa a 2007. Ƙa'idojin sun hana ƙone daji ba tare da izini ba, sun kuma tanadi hukunci. Tun kafin su, dokar Final Kod ta Arewa ta riga ta mai da ɓarna ta hanyar wuta laifi. Ba a rasa doka ba ke nan. Abin da aka rasa shi ne wanda zai ga yaron da ya cusa wuta a ramin gafiya a bayan Korayel ko Buntusu da azahar. Jami'in da ofishinsa yake Dutse ba zai gan shi ba. Wanda zai gan shi maƙwabcinsa ne, shi kuwa maƙwabci ba zai kai ɗan maƙwabcinsa ga 'yan sanda a kan ciyawar da ba ta kowa ba ce.

Ita kuwa motar kashe gobara an yi ta ne domin titi da famfo. Tana ɗaukar ruwa ƙayyadadde, tana buƙatar hanya, tana buƙatar a kira ta kuma ta iso kafin a gama. Ko da kowace hedikwatar ƙaramar hukuma a masarautar tana da mota lafiyayya cike da ruwa da mai, ba za ta hau dutse ba, kuma wutar ciyawa takan gama abin da za ta yi cikin sa'a ɗaya ko biyu. Wannan ba suka ba ne ga ma'aikatan kashe gobara, waɗanda aikinsu a gari ba ya misaltuwa. Magana ce ta cewa kuɗin da za a kashe a kan wutar daji ya kamata a kashe shi kafin ta tashi, domin bayan ta tashi abin da ya rage sai ɗanyen reshe da addu'a.

A nan ne ake buƙatar taka-tsantsan da wata shawara da ta yi farin jini a tarukan masana muhalli, wato ƙona daji da wuri bisa tsari. Shawarar tana da tushe mai ƙarfi. Gwajin da aka fara a gandun dajin Olokemeji na kudu maso yammacin Nijeriya a 1929, da wanda André Aubréville ya kafa a Kokondekro kusa da Buwake ta Kwaddibuwa a 1936, duk sun raba fili gida uku: wanda ake ƙonewa a farkon rani, wanda ake ƙonewa a ƙarshensa, da wanda aka hana wa wuta gaba ɗaya. Sakamakon ya yi kama da juna. Wutar ƙarshen rani ta hallaka itatuwa, ta farkon rani ta bar su sun rayu, inda aka hana wuta kuma kurmi ya rufe. A Mali, Paul Laris ya nuna yadda manoma ke ƙone daji ƙyalle-ƙyalle tun ciyawa ba ta gama bushewa ba, ta yadda babbar wuta ba za ta sami hanya ba daga baya. A arewacin Ostareliya, tun 2006 'yan asalin yankin Arnhem suke gudanar da irin wannan ƙunar ta farkon rani bisa yarjejeniyar da ake biyan su. Duk wannan gaskiya ne. Amma a waɗannan wurare ciyawa ta yi wa dabbobi yawa, matsalarsu ita ce yadda za a rage ta ba tare da an kashe itace ba. A Gwiwa ciyawa ba ta isa ba. Ƙone ta da wuri da ƙone ta a makare duk ɗaya ne ga saniyar da za ta nemi abinci a watan Afrilu. Wanda ya kwaso darasin Olokemeji ya kawo shi ƙasar Kazaure ba tare da ya duba irin ciyawar ba, ya ba mai ciwon yunwa maganin ƙoshi.

Darasin da ya dace yana arewa, a Jamhuriyar Nijar, inda ciyawar da makiyayan da iskar duk irin na nan ne. A yankunan kiwo na jihohin Maraɗi da Tawa da Damagaram, musamman wajen Dakwaro da Barmo da Abalak, an daɗe ana ɗaukar ciyawar daji a matsayin dukiyar ƙasa, ana kuma ɗaukar ƙonewarta a matsayin bala'in da ake shiryawa kafin ya zo. Bayan ɗaukewar ruwa, gwamnati da ƙungiyoyin agaji sukan ɗauki mutanen ƙauyuka da na rugage aiki, a biya su kuɗi ko abinci, su share dogayen layuka masu faɗin mita 15 zuwa 20 a cikin daji, su kankare ciyawar har ƙasa, ta yadda idan wuta ta iso layin sai ta rasa abin ci ta mutu, ko ta yi sanyin da za a iya kashe ta. Ana yin dubban kilomita na irin wannan layi. Abin da ya fi burgewa a tsarin shi ne ciyawar da aka kankare ba a zubar da ita, ana tara ta a ajiye, a ciyar ko a sayar a bazara lokacin da ta yi tsada. Aikin kariyar da kansa yana haifar da abin sayarwa. Tsarin yana da nasa naƙasu, domin a shekarar da kuɗi suka makara layukan ma sukan makara, kuma har yanzu wuta tana cin dubban hekta a can. Duk da haka ya fi zama a jira.

Duwatsun Gwiwa da Roni sun fi filayen Barmo sauƙin karewa ta wata fuska, domin ƙanana ne kuma gonaki sun kewaye su. Ba a buƙatar dubban kilomita. Layi ɗaya a gindin dutse ta gefen da iskar hunturu ke fitowa, wani a gefen hanyar da mutane ke bi, wani tsakanin dutsen da wurin da ake tara amfanin gona, sun isa su raba babban fili zuwa ƙananan yankuna da wuta ba za ta cinye a zama ɗaya ba. Kayan aikin su ne lauje da fartanya da manjagara, waɗanda ke kowane gida.

Abin da ya fi kayan aiki wuya shi ne wanda zai ce a yi, a kuma yi. Ƙasar Hausa ba baƙuwa ba ce ga tsarin kare filin jama'a. Kalmar hurumi kanta shaida ce, kuma Abdullahi ɗan Fodiyo ya yi littafi sukutum, Ta'alimur Radi, a kan hukunce-hukuncen mallakar ƙasa, ciki har da filayen da ake keɓewa domin amfanin jama'a. Sanannen hadisin da ya sanya ruwa da makiyaya da wuta cikin abubuwan da mutane suka yi tarayya a kansu yana bakin malaman kowane gari. A zamanin En'e akwai Sarkin Dawa da ma'aikatansa, akwai dagaci da mai unguwa waɗanda idan wuta ta tashi a ƙasarsu su za a tambaya. Ba a cewa wancan zamani adalci ne zalla, domin tarar daji ta zama hanyar tatsar talaka a wurare da yawa, tsofaffi kuma ba su manta ba. Sai dai gyaran ƙananan hukumomi na 1976 ya karɓe iko daga hannun sarakuna ya miƙa wa majalisu, amma bai miƙa wa kowa wannan ɗan ƙaramin alhaki na tsaron ciyawa ba. Ya faɗi a tsakani, har yau yana nan inda ya faɗi.

Mayar da shi ba ya buƙatar sabuwar hukuma. Tsarin mulki na 1999 ya ba ƙananan hukumomi hannu a raya noma da albarkatun ƙasa, Dokar Amfani da Ƙasa ta 1978 ta ba su ikon keɓe fili domin kiwo, hukuncin Kotun Ƙoli na 11 ga Yuli 2024 kuma ya ce a riƙa ba su kason kuɗinsu kai tsaye. Jihar Jigawa tana da hukumar da ke kula da sha'anin manoma da makiyaya, tana cikin jihohi 11 na shirin Babbar Ganuwar Itatuwa wanda aka kafa wa hukuma ta ƙasa a 2015, tana kuma cikin masu cin gajiyar shirin ACReSAL na dala miliyan 700 da Bankin Duniya ya amince da shi a Disamba 2021 domin farfaɗo da ƙasa a jihohin Arewa 19 da Abuja. Dashen itace ya fi sharar layin wuta kyau a hoto, shi ya sa ake rububinsa. Amma dashen da ba a kewaye shi da kariya ba, wutar rani ɗaya ta ishe shi. Idan aka ware ɗan kaso daga kuɗin dashe aka biya matasan kowace mazaɓa ladan share layi, an kare dashen da ciyawar a lokaci guda.

Kwamitin da zai riƙe wannan aiki a matakin dagaci dole ya ƙunshi waɗanda ake zargi, ba waɗanda ke zargi kaɗai ba. Ardo ya san inda ciyawa ta fi kauri da inda shanu ke kwana. Sarkin Baka da mafarautansa sun san kowane lungu na dutsen, kuma su kaɗai ne samari masu farautar gafiya ke jin kunyarsu. Mafaraucin gaske ma yana ƙin wuta domin tana korar nama ta ƙone ƙwan zabo da fakara. Idan aka ba mafarauta matsayin masu tsaron dutse da ɗan alawus na watanni huɗu, an mai da masu iya cinna wuta masu kashe ta. Akwai haɗarin da ba za a ɓoye ba, wato kwamitin ya rikiɗe ya zama wata kafar karɓar tara daga marar gata, musamman baƙon makiyayi mai wucewa wanda ba shi da mai tsaya masa a gari. Maganin wannan shi ne kada a ba kwamitin ikon cin tara ko kaɗan. Aikinsa ya tsaya ga share layi, sanya ranar ƙone sassabe da sharaɗin a yi shi da sanyin safiya ko maraice a gaban shaidu, da tara jama'a idan wuta ta tashi. Hukunci ya zauna a kotu inda yake.

Akwai kuma gurbin da ya shafi manazarta Hausa kai tsaye. Taurarin ɗan'adam da ake dogara da su wajen gano wuta suna da iyaka: na'urar MODIS tana ganin wuta a ma'aunin kilomita ɗaya, ta VIIRS a mita 375. Binciken da Ruben Ramo da abokansa suka wallafa a 2021, da hotunan Sentinel-2 masu ƙarin kaifi, ya gano cewa ƙasar da ta ƙone a Afirka kudu da Sahara ta fi abin da ake ƙiyastawa da kusan kashi 80 cikin 100, saboda ƙananan wutace da tsofaffin na'urori ba sa kamawa. Wutar dutsen Gwiwa tana cikin irin waɗannan ƙanana. Tarihinta yana bakin mutane: wane dutse ne ya saba ci, daga wane gefe take tasowa, wace shekara ce ta kai rumbuna, wace ciyawa ce ta ɓace tun daga lokacin. Ɗaliban Hausa sun tattara waƙoƙin mafarauta da kirarinsu da surkullensu, an yi digiri a kansu ba adadi, amma ilmin da mafarauci da Ardo suke da shi game da iska da ciyawa da wuta bai sami irin wannan gata ba. Sunayen ciyayi da na sassan dutse da kalmomin ƙuna da babbaka da toho, da bambancin da Fulatanci ke yi a tsakanin nau'o'in makiyaya, duk kayan aiki ne da injiniyan muhalli ba zai iya tattarawa ba sai da mai nazarin harshe. Kwalejin Kimiyya da Fasaha ta Tarayya ta Hussaini Adamu tana nan a Kazaure, Jami'ar Sule Lamido tana Kafin Hausa, Jami'ar Bayero kuma ba ta da nisa. Kundin digiri na biyu guda ɗaya da zai bi mazaɓun Gwiwa ya rubuta wannan ilmi zai fi wa kwamitin dagaci amfani fiye da taswirar da aka zana a Abuja.

Babban cikas ga dukan wannan shi ne lokaci. Layin kariya ba ya da amfani sai an share shi tsakanin tsakiyar Oktoba da ƙarshen Nuwamba, bayan ciyawa ta zubar da iri amma kafin iska ta tashi, kuma ingiricin da aka yanka a farkon wannan tsakani ya fi wanda aka bari ya bushe a tsaye amfani ga dabba. Waɗannan makonni kuwa su ne na roron wake da yankan dawa da tugar gyaɗa, lokacin da kowane hannu yake gona kuma ladan ƙwadago ya fi tsada. Gayya ba za ta taru domin dutse ba alhali dawa tana tsaye, sai dai da lada wanda ya kai na gona. Ga shi kuma ƙarshen shekara ne, lokacin da asusun ƙaramar hukuma ya fi bushewa. Saboda haka kuɗin aikin sai an sa su a kasafin farkon shekara da sunansu, a kuma sake su a watan Satumba, tun ruwa bai ɗauke ba.